Jirgin Ƙarƙashin Teku Mai Ratsa Zamani

Jirgin ƙarƙashin teku mai ratsa zamani jirgi ne da ake samu a ƙagaggun labaran kimiyya da fina-finai, inda ake nuna cewa idan ya nutse can ƙasan teku yana iya ɓullowa a zamanin da ya shuɗe ko wanda bai zo ba tukuna. Ba a taɓa ƙera irinsa ba. Tunanin ya haɗa abubuwa biyu da ya kamata a rarrabe, wato nutsewa cikin zurfin teku, wadda ɗan Adam ya riga ya iya, da kuma komawa zamanin baya, wadda babu wata hujjar kimiyya a kanta.

Ba a banza marubuta suka zaɓi teku ba. Manomi a ƙauyukan Ringim ko Ɗambatta yana gane lokaci ta inuwa da kiran salla, yana gane shekara ta zagayowar damina da kaka da hunturu da bazara, amma a ƙasan teku babu ko ɗaya daga cikin waɗannan. Hasken rana yana dusashewa daga zurfin mita 200, idan aka kai mita 1,000 kuwa sai duhu ƙirin, sanyin ruwan kuma kusan ba ya sauyawa duk shekara. Wanda ke cikin jirgi a nan agogo kaɗai ke gaya masa dare ya yi, don haka mai karatu ba ya shan wahalar yarda cewa zamani na iya rikicewa. Abin da ya faru a 1938 ya ƙara wa tunanin armashi, domin a shekarar ce aka kama wani kifi mai suna silakant da ransa a gaɓar Afirka ta Kudu, alhali masana sun ɗauka irinsa ya ƙare tun kimanin shekaru miliyan 66 da suka wuce.

Ɓangaren nutsewa tarihi ne tabbatacce. A ranar 23 ga Janairun 1960, Jacques Piccard da Don Walsh suka sauka da jirgin Trieste zuwa ƙasan ramin Mariana da ke Tekun Pasifik, zurfin kusan mita 11,000, inda nauyin ruwa ya ninka na iskar doron ƙasa fiye da sau 1,000. Kimanin minti 20 suka yi a can.

Batun zamani ya fi wuya. Nazarin Albert Einstein na 1905 da 1915 ya nuna cewa lokaci ba ya gudu daidai a ko'ina, domin agogon da ke tafiya da matuƙar sauri, ko wanda ke can ƙasa inda ƙarfin jan duniya ya fi tasiri a kansa, yana jinkiri. An tabbatar da haka a 1971 da agogunan atom, masu auna lokaci daidai matuƙa, da aka zagaya duniya da su a jiragen sama. Ke nan agogon da ke ƙasan teku yana jinkiri da gaske, sai dai bambancin bai kai daƙiƙa ɗaya ba ko da mutum ya ƙare rayuwarsa a can, kuma wannan jinkiri gaba kawai yake kai mutum, ba baya ba. Mai karatu Bahaushe ba baƙon wannan fahimta ba ne, tun da ya san ƙissar Ashabul Kahfi, waɗanda suka farka bayan shekara 309 suna zaton yini ɗaya suka yi ko wani yanki na yini.

Akwai hanyar gaske da teku ke nuna zamanin baya, kuma ta cancanci kulawa fiye da jirgin almara. Kamar yadda mai haƙar rijiya ke wuce yashi da tsakuwa da yumɓu hawa-hawa, haka laka ke kwanciya a ƙasan teku, a wasu wurare 'yan milimita kaɗan cikin shekara 1,000. Tun 1968, lokacin da jirgin Glomar Challenger ya fara haƙa, masana ke ciro wannan laka suna karanta yanayin zafi da halittun zamanin da a cikinta. Karatun yana da iyaka, domin mafi yawan daɓen teku bai kai shekaru miliyan 200 ba, saboda tsohonsa yana nutsewa cikin ƙasa a ramuka irin na Mariana yayin da sabo ke fitowa a tsakiyar tekuna.