Ganin Haƙarƙarinsa Ba Ya Nufin Yunwa Yake Ji

An daɗe ana cewa duk karen da aka ga haƙarƙarinsa, to mai shi ne ba ya ba shi abinci. Tausayi ne ke sa mutane faɗar haka, kuma a kan karnuka da yawa gaskiya ne. Amma ban da ƙananan karnukan da ke farauta da ido maimakon hanci, irin su whippet na Ingila da ɗan siririn karen Italiya da ake kira Italian greyhound, wanda da wuya ya wuce kilo 5.

Haka halittarsu take: ƙirji mai zurfi, ciki a ɗame, fata siririya, kitse kaɗan. Jiki ne na gudu, don whippet kan kai kusan kilomita 55 a awa. Rashin kitsen ne ma ke sa su rawar ɗari, shi ya sa ake sa musu riga lokacin sanyi. Abin da ya fi damuna shi ne a yi ta ɗura musu abinci don su yi ƙiba, alhali ƙafafunsu sirara ne, nauyi kuwa wahalar da gaɓoɓinsu yake yi.

Kana iya dubawa da kanka. Shafa gefen ƙirjin karen da tafin hannu: ka ji haƙarƙari ba tare da dannawa ba, ka hango biyu ko uku na ƙarshe kaɗan-kaɗan, cinyoyi kuma cike da tsoka. In ƙashin baya da na ƙugu sun fito tsuru-tsuru, cinya ta zube, gashi ya dushe, wannan rama ce, a kai shi wurin likitan dabbobi. Awo a sikeli duk wata zai nuna maka inda ya dosa.

Don Allah a tura wa masu irin waɗannan karnuka wannan bayani.