Ƴan gwangwan, ba kowane ƙarfe ake fasawa ba

Ƴan uwa masu sana'ar gwangwan a Panteka da sauran unguwannin Kaduna, akwai ƙarfen da nauyinsa kan burge mutum a sikeli, alhali ajali ne a cikinsa. Galibi dunƙule ne mai nauyin da ya wuce girmansa, saboda an lulluɓe shi da dalma. A jikinsa akan ga alama mai fukafukai uku kamar fanka, a kan launin ɗorawa. Daga injin gashin cutar daji yake fitowa, ko na'urar da ake haska waldar bututun mai. Dalmar nan ita ke tsare tiririn nukiliya da sinadarin da ke ciki yake fitarwa. Tiririn ba ya wari, ido kuma ba ya ganinsa.

A 1987, a birnin Goyaniya na ƙasar Brazil, wasu mutum biyu suka kwance irin wannan inji a wani asibitin da aka bari kango, suka sayar wa mai gwangwan. Da dare ya ga garin da ke ciki yana ƙyalli shuɗi, ya kai gida, ya rarraba wa dangi. Sinadarin siziyom-137 ne. Mutum 4 suka rasu, har da matar mai gwangwan ɗin da yarinya ƴar shekara 6. Matar ce ma ta fara zargin abin, ta ɗauke shi a motar haya zuwa ofishin lafiya. Sai da aka gwada mutum kusan 112,000, aka rushe gidaje, aka kankare ƙasar tsakar gida, aka killace tarkacen a bayan gari. Wanki ko ƙonawa ba sa kashe sinadarin. Shekara 30 yake yi kafin ƙarfinsa ya ragu da rabi.

To, in ka ci karo da shi, kada ka sa masa guduma, kada ka kai shi wurin narka. Ja da baya, ka kori yara, ka hana kowa matsowa, sannan ka sanar da shugaban kasuwa da ƴan sanda su kira NNRA, hukumar da ke kula da harkokin nukiliya a Najeriya. A Zariya ma akwai cibiyar binciken makamashi ta Jami'ar Ahmadu Bello, masu na'urar awon tiririn.

Wanda ya taɓa shi ya fara amai da gudawa, ko fatar hannunsa ta sale ba tare da wuta ba, kada a tsaya jiƙo. A tafi asibiti, a faɗa wa likita ƙarfen da aka taɓa, a kuma ƙulle kayan jikinsa a leda daban.