Wai Faransawa ma suna rawa da waƙa a fim?

Da gaske akwai irin wannan fim a Faransa?

Sosai ma. Mu da muka tashi da kallon Indiya mun ɗauka su kaɗai ke ɓarkewa da waƙa ana tsakiyar zance, to wani darakta Jacques Demy ya wuce nan. A fim ɗinsa Les Parapluies de Cherbourg na 1964 babu magana ko ɗaya, komai rerawa ake yi, hatta bakanike a gareji da waƙa yake wa mai mota bayani. Da farko za ka ji abin banbaraƙwai, can kunne ya saba har ka manta. Michel Legrand ne ya yi kiɗan, kuma fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a shekarar.

Ina Hollywood ta shigo ciki?

Ai Demy mayen finafinan waƙa na Amurka ne, irin su An American in Paris na 1951, can ya ɗauko launuka masu ɗaukar ido da rawar kan titi. Da zai yi Les Demoiselles de Rochefort a 1967 bai tsaya wani ɓoye-ɓoye ba, Gene Kelly, jarumin An American in Paris ɗin, da kansa ya gayyato, ga George Chakiris na West Side Story, suka haɗu da Catherine Deneuve da yayarta Françoise Dorléac da suka fito a tagwaye, har fenti aka sake wa gidajen garin Rochefort don su dace da kayan 'yan wasa.

Kenan kwaikwayo ne kawai?

A'a fa, nan ne ma daɗin yake. Na Amurka galibi da murna ake tashi, shi kuwa Demy kwalliyar ya aro ya zuba ɗaci a ciki. A fim ɗin Cherbourg, Guy bakanike ne, aka ɗauke shi soja zuwa yaƙin Aljeriya ya bar budurwarsa Geneviève da ciki, shagon lemar uwarta bashi ya yi masa katutu, ƙarshe ta auri mai sayar da lu'ulu'u. Bayan shekaru suka haɗu a gidan man da ya buɗe, ƙanƙara na zuba, 'yarsu na zaune cikin mota, ta ce ko yana son ganinta, ya girgiza kai. Wallahi wurin nan ba ya kalluwa sau biyu a rana ɗaya.

Da wanne zan fara?

In ka ga La La Land na 2016 ya burge ka, fara da Cherbourg, don daraktan, Damien Chazelle, da bakinsa ya ce daga Demy ya sha. Rochefort kuma ka ajiye shi sai ranar da kake neman nishaɗi.