Popol Vuh (ƙungiyar makaɗa)

Popol Vuh ƙungiyar makaɗa ce ta ƙasar Jamus wadda Florian Fricke ya kafa a birnin Munich a 1969, tare da Holger Trülzsch da Frank Fiedler. An ɗauko sunan daga tsohon littafin al'ummar Maya ta Guatemala mai ba da labarin halittar duniya. Ƙungiyar ba ta yi wani tashe a kasuwar faifai ba. Akasarin waɗanda suka san kiɗanta a finafinan darakta Werner Herzog suka ji shi.

Fricke yana cikin mutanen farko a Jamus da suka mallaki babbar na'urar haɗa sauti ta Moog, kuma da ita aka yi faifansu na farko, Affenstunde, a 1970. Na'urar tana da wuyar sha'ani. Sai an jona sassanta da wayoyi kafin ta yi ƙara, sauti ɗaya take fitarwa a lokaci guda, kuma in ta ɗau zafi sautin yakan kauce, sai an sake saita shi. A faifan Hosianna Mantra na 1972 Fricke ya ajiye ta ya koma ga piyano da jita da muryar mawaƙiya Djong Yun 'yar Koriya. Daga baya ya sayar wa wani makaɗin Jamus, Klaus Schulze, da na'urar.

Aikin da ya fi fito da su shi ne kiɗan fim ɗin Herzog mai suna Aguirre na 1972, wanda aka ɗauka a Peru. A farkonsa ana ganin sojojin Sifaniya da 'yan dako suna gangarowa daga dutse cikin hazo, ana jin kamar taron mawaƙa na rera sauti ba kalmomi. Babu mawaƙi ko ɗaya a wurin. Wata na'ura ce mai madannai irin na piyano, a cikinta akwai zaren kaset da dama da aka naɗi muryoyin mutane a kai, aka haɗe bakin kowanne da ƙarshensa yana ta zagayawa. Kowane madanni da tasa muryar. Tun da zaren ba ya ƙarewa, muryar ba ta tsayawa jan numfashi, abin da ke sa mai sauraro ya kasa tantance ko mutum ne ko inji.

Sun kuma yi wa Herzog kiɗan Herz aus Glas (1976), Nosferatu (1979), Fitzcarraldo (1982) da Cobra Verde (1987), wanda aka ɗauki wani ɓangarensa a Elmina ta ƙasar Ghana. A wannan zamani mai kaɗa jita da ganga Daniel Fichelscher shi ne babban abokin aikin Fricke.

Faifansu kan rikita masu tara su: yawancin abin da ke cikin faifan Aguirre babu shi a fim ɗin, kiɗan Nosferatu kuwa ya rabu a faifai biyu. Fricke ya rasu a Munich ranar 29 ga Disamba 2001, ƙungiyar ta tsaya daga nan.