Shatta Wale da waƙar "Dancehall King"

Shatta Wale, wanda sunansa na yanka Charles Nii Armah Mensah Jr., mawaƙin dancehall ne ɗan ƙasar Ghana. An haife shi a Accra ranar 17 ga Oktoba, 1984. Da sunan Bandana ya fara fitowa, kuma waƙarsa "Moko Hoo" da ya yi da mawaƙi Tinny ta karaɗe gidajen rediyo a 2004. Daga nan sai aka daina jin ɗuriyarsa na shekaru. Wani ɓangare na wannan lokaci a Nima ya yi shi, unguwar zango a Accra da Hausa ta zama harshen kasuwa da titi, kuma matasan irin waɗannan unguwanni ne ƙashin bayan magoya bayansa, wato Shatta Movement.

Ya dawo da sabon suna, a 2013 kuma ya saki "Dancehall King", waƙar kirari ce da yake naɗa wa kansa sarautar wannan fage. A bikin Ghana Music Awards na 2014 aka ba shi kambun gwarzon mawaƙin shekara, duk da cewa shekara guda kafin nan ya fito fili ya caccaki masu shirya bikin.

Salon dancehall daga Jamaika ya samo asali a ƙarshen shekarun 1970. Ginshiƙinsa kiɗan da ake kira riddim, wanda mawaƙa da dama kan hau guda ɗaya kowa da baitinsa. Ana raba zagayen bugu gida takwas, ganga ta faɗo a tsarin uku, uku, biyu, wato kan na ɗaya, na huɗu da na bakwai. Wannan ɗingishin ne ke motsa ƙugu. Idan mai haɗa kiɗa ya daidaita bugun ya koma huɗu cif, an tashi daga dancehall. Wani kuskuren shi ne cika kaurin sautin ƙasa: a manyan lasifikokin wurin casu yana girgiza ƙirji, a lasifikar waya kuwa ya ɓace, a bar murya tsirara. Shi ya sa ake ɗora amshi gajere mai maimaituwa wanda zai tsaya da ƙafarsa ko babu kiɗa.

Harshe ma yana da nasa tarko. Patwa, wato karin Turancin Jamaika, idan aka yi ta zalla kan bar mai sauraro a Accra a baya, don haka Shatta Wale yake gauraya ta da Turancin buroka da harsunan Ghana, wato Ga da Twi.

Bayan "Dancehall King" ya fitar da "Kakai" a 2015, da kundin "After the Storm" a 2016 da "Reign" a 2018. A 2019 Beyoncé ta sa shi a waƙar "Already" tare da ƙungiyar makaɗa ta Major Lazer. A shekarar ce kuma hatsaniya ta kaure tsakaninsa da abokin hamayyarsa Stonebwoy a dandalin Ghana Music Awards, aka dakatar da su duka biyun daga gasar.