MacGuffin a Labarin Fim

MacGuffin shi ne abin da mutanen cikin labarin fim suke rububi a kansa, har su yi sata ko kisa dominsa, alhali mai kallo bai damu da ko mene ne ba. Yana iya zama sarƙa mai tsada, takardun sirri ko jakar kuɗi. Darakta ɗan Ingila Alfred Hitchcock ne ya yayata kalmar, ya kuma yi bayaninta a wata lacca a Jami'ar Kolombiya ta Amurka a 1939. Ana danganta ƙirƙirarta ga marubuci Angus MacPhail, abokin aikinsa.

Marubuci yakan fito da abin tun farkon fim, ya nuna aƙalla ɓangare biyu da ke nemansa da abin da kowa zai rasa in ya suɓuce masa. Da zarar an fara farauta, sai abin ya koma gefe, hankali ya karkata ga halayen mutanen.

Fim ɗin Psycho na 1960 ya nuna haka ƙarara. Marion Crane ta gudu da dala 40,000 daga wurin aikinta, dare ya yi mata a wani masauki, ta naɗe kuɗin a jarida. Bayan an kashe ta, Norman Bates, mai kula da masaukin, ya jefa jaridar a but ɗin motarta bai san abin da ke ciki ba, ya nutsar da motar a fadama. Duk da haka kuɗin ba su daina aiki ba, domin su ne suka jawo mai bincike har ƙofar masaukin.

Ana gane MacGuffin ta hanyar musanya shi da wani abu. A fim ɗin Notorious na 1946, sinadarin yuraniyom ne ɓoye a kwalaben giya. Da lu'ulu'u ne, soyayyar da cin amanar ba za su canza ba.

Inda aka fi yin kuskure shi ne yawan bayani: dogon jawabi kan yadda abin yake aiki yana kashe saurin labari. Haka in an zuzuta shi sannan aka buɗe, da wuya ya kai yadda mai kallo ya zata. A fim ɗin Pulp Fiction na 1994 ba a taɓa nuna cikin jakar da ake rububi a kanta ba, sai haske ruwan zinare a fuskar mai buɗewa.

George Lucas, daraktan da ya ƙirƙiro finafinan Star Wars, yana da wani ra'ayin. A wurinsa dole mai kallo ya damu da abin, ya kuma ba da misali da mutum-mutumin R2-D2 na Star Wars, wanda ke ɗauke da bayanan sirrin da ake farauta.