Mai binciken tsoffin hotunan fim

Mai binciken tsoffin hotunan fim shi ne ƙwararren da ke nemo hotuna masu motsi da aka ɗauka a baya, ya tantance su, ya kuma samo izinin saka su a fim ɗin tarihi. Ba shi ke riƙe kyamara ba, amma sau da yawa abin da ya tono shi ke sauya akalar labarin.

Sana'ar ta faro tun zamanin fim marar sauti. A 1927 Esfir Shub ta Tarayyar Sobiyet ta haɗa fim kan faɗuwar gidan sarautar Romanov na Rasha da tsoffin faya-fayan da ta tsinto. A yau ana neman irin waɗannan hotuna a rumbuna kamar British Pathé da Gidan Tarihin Yaƙi na Landan, da INA, cibiyar adana sauti da hotuna ta Faransa, wadda aka kafa a 1975. Fim ɗin Apollo 11 na 2019, kan tafiyar farko da ta sauke mutane a duniyar wata, ya dogara ne da manyan faya-fayai da aka gano a rumbun adana tarihin Amurka.

Tantancewa ita ce ƙashin bayan aikin, domin rubutun da ke jikin gwangwanin faifai yakan yi kuskure. Mai bincike yakan tsayar da hoto cak, ya duba lambar mota, kakin soja, allon shago, har da alamomin da kamfanin Kodak ke bugawa a gefen faifai masu nuna shekarar da aka ƙera shi. Akwai dalilin wannan taka-tsantsan. A fim ɗin 1916 kan gumurzun Somme, wanda aka gwabza a Faransa lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, ɓangaren da aka fi maimaitawa, inda sojoji ke haurowa daga rami, masana sun nuna shirya shi aka yi nesa da fagen daga. Wanda ya saka shi a matsayin ainihin yaƙi ya yaudari mai kallo, ko da bai yi niyya ba.

Sai batun haƙƙin mallaka. Rumbuna sukan fara ba da kwafi marar inganci mai tambari, sannan a biya kuɗi gwargwadon daƙiƙoƙin da aka zaɓa, da ƙasashen da za a nuna fim ɗin, da tsawon shekarun izini.

Wannan ya shafi Najeriya da Nijar kai tsaye. Da yawa daga hotunan zamanin mulkin mallaka da na bukukuwan 'yancin kai na 1960 suna rumbunan Birtaniya da Faransa, don haka mai shirya fim a Kano ko Yamai yakan biya kuɗin waje kafin ya nuna tarihin garinsu. A Najeriya, rumbun adana finafinai na ƙasa yana Jos.